Yadda Ake Duba ELT Ta Jirgin Sama Da Gwada Ta, Mataki-Mataki

Tambayar nan ta ELT ta yi yawa, musamman daga ƙannenmu da suka fito daga kwalejin jiragen sama ta Zariya suka fara shiga hanga, kowa sai ya ce oga wai ya ake gwada abin nan ba tare da an tayar wa masu ceto da hankali ba. To ga shi nan a jere yadda ake yi.

ELT ita ce 'yar na'urar nan mai ruwan lemo ko rawaya da ake ɗaurewa can wajen jelar jirgi, in jirgi ya faɗi ta kunna kanta ta dinga neman agaji. Mita biyu take magana da su: 406 MHz wadda taurarin ɗan adam na Cospas-Sarsat, wato tsarin nema da ceto na ƙasa da ƙasa, ke ji, sai 121.5 MHz wadda masu nema ke bi in sun matso kusa. Tun ranar 1 ga Fabrairu 2009 taurarin suka daina sauraron 121.5, saboda haka in har yanzu tsohuwa mai 121.5 kaɗai ce a jirginku, maganar sauyawa za ku yi ba ta gyara ba.

Abin da nake so ya zauna maka tun yanzu, fitilar na'urar ta ƙifta sau ɗaya a gwaji ba ya nufin ka gama aiki. Na'urar na iya zama lafiya lau amma ɗaurinta ya saki, ko kebul ya tsinke, ko lambar da ke cikinta ta wata ƙasa ce, kuma fitilar ba duk wannan za ta faɗa maka ba.

1. Haɗa kayan aiki

Na farko littafin kamfanin da ya ƙera na'urar, na samfurin da ke hannunka daidai, domin yadda ake gwada Artex daban, na Kannad daban, na ACK daban. Sai tocila da ɗan madubi, sukurudireba, spana mai auna ƙarfin ɗauri, eriyar bogi mai 50 ohm wadda ake toshe bakin fitar sigina da ita, rediyon hannu mai kama 121.5, da ƙaramar rediyo mai araha mai tashar AM, irin wadda ake jin labarai da ita. Sai na'urar karanta saƙon 406, irin su BT200 ko IFR 4000.

Maganar kuɗi, na'urar karantawar ita ce mai tsada, dubban daloli ce, shi ya sa ƙananan hanga da yawa aro suke yi ko su kai ELT ɗin shagon da ke da ita. Batir kuwa ɗaruruwan daloli ne gwargwadon samfuri, kuma ba kuɗin ne kaɗai ciwon kai ba, kawo shi ne. Batirin lithium ne, yana cikin kaya masu haɗari mai lamba UN3090, ba a yarda a ɗora shi a matsayin kaya a jirgin fasinja ba, sai jirgin dakon kaya, ga kwastan ga neman dala. Ka yi oda watanni kafin wa'adi, amma kuma kar ka yi ta da wuri sosai ka jibge a sito, don kwanan batir daga ranar ƙera shi ake fara ƙirgawa ba daga ranar da ka saka ba.

2. Fara da takardu kafin ka taɓa komai

Buɗe littafin gyaran jirgin ka ga yaushe aka yi dubawar ƙarshe, yaushe batir zai ƙare, wace lamba ce ta na'urar. Ka rubuta su a gefe, anjima za ka gwama su da abin da ke jikin na'urar.

Dokar da littattafan kamfani suka fi ambata ta Amurka ce, sashe na 91.207, ta ce a duba cikin kowane wata 12, kuma abubuwa huɗu ta lissafa: ɗauri yana daidai, batir bai yi tsatsa ko yoyo ba, makunnai da na'urar jin karo suna aiki, sigina isasshe yana fita ta eriya. Amma fa jirgi mai rajistar 5N, wato na Najeriya, dokar NCAA, hukumar kula da jiragen sama ta Najeriya, da tsarin gyaran da aka amince wa kamfaninku su ne alƙalai, mai 5U kuma takwararta ANAC ta Nijar. In tsarinku ya fi tsauri shi za ka bi. Kuma in ba ka da lasisin sa hannu a wannan aikin, ka yi shi a gaban wanda ke da shi.

3. Lokacin gwaji da sanar da hasumiya

Duk gwajin da zai saki sauti a 121.5 ana yin sa ne cikin minti biyar na farkon awa, misali daga ƙarfe goma daidai zuwa goma da minti biyar, kuma kukan kar ya wuce uku. Agogon UTC ake nufi, wato na GMT, amma da yake agogon Najeriya da na Nijar duk awa ɗaya cur suke gaba da shi, mintocin ba sa canzawa. Ka kira hasumiyar kula da tashi da saukar jirage ka ce musu za a gwada ELT a jirgi kaza a hanga kaza, in ka gama ka sake kira ka ce an gama. Ba a gwaji jirgi na sama.

Hattara: ita 406 ba ta san wani minti biyar ba. In ka bar na'urar a kunne kamar sakan 50 za ta harba saƙonta na gaske mai ƙarfin wat 5, kuma yanzu da aka ɗora na'urorin sauraro a taurarin Galileo da GPS da GLONASS harbi ɗaya ya isa a ji shi nan take. Rufin kwanon hanga ba abin dogaro ba ne. A Amurka, cikin kiraye-kiraye 8,898 da ELT mai 406 suka yi a 2017 a yankin cibiyar ceto ta sojan sama, kusan kashi 98 cikin 100 na ƙarya ne, kuma gwaji da gyara ba bisa ƙa'ida ba suna cikin manyan dalilan. Kaga kenan mu masu spana muna da hannu a ciki.

Ba lallai duk gwaje-gwajen su shiga minti biyar ɗaya ba, ka raba su, na makunnin karo a awa ɗaya, na eriya a awa ta gaba, tsakani ka yi aikin ido.

4. Mazauni da ɗauri

Kafin ka cire ta ka dube ta a yadda ka same ta. Akwai kibiya a jikinta da ke nuna gaban jirgi, ka tabbatar tana kallon inda ya dace, domin na'urar jin karo ta yawancin ƙananan jirage ɓangare ɗaya take ji, in an juya ta baibai jirgi zai daki ƙasa ita tana barci. Jirgi mai saukar ungulu nasa daban ne, wasu ana karkatar da su digiri 45 ƙasa, wasu samfurin musamman ne mai ji ta kowane ɓangare.

Kama ta da hannu ka jijjiga. Ƙa'idar da ake ɗaura ta a kai ita ce ko an ja da ƙarfin fam 100 mazaunin kar ya motsa fiye da milimita 2.5, to in hannunka kaɗai ya isa ya sa ta rawa ai ka ga amsa. Ka leƙa da madubi ko akwai tsagewa kusa da kusoshi, ko tsatsa, ko an ɗaura ta a fallen jikin jirgi mai laushi maimakon ƙarfe mai ƙwari.

In ɗamararta irin ta Velcro ce mai mannewa, nan ka daɗe. Ƙura da mai da zafi suna kashe ta, kuma ƙurar hunturu ba inda ba ta shiga. A hatsarin da ya faru a Alaska ranar 9 ga Agusta 2010, wanda tsohon sanatan Amurka Ted Stevens ya mutu a ciki, ELT ɗin ta kunnu yadda ake so amma ta fice daga mazauninta ta rabu da kebul ɗin eriya, taurari ba su ji komai ba, ga mutanen da suka tsira suna kwance a gefen dutse suna jira. Bayan haka ne hukumar jiragen sama ta Amurka, FAA, ta daina amincewa da irin wannan ɗamara a sabbin samfura. Ni a ganina in kamfanin ya fitar da ɗamarar ƙarfe ta samfurinka, ka saya kawai ka huta.

5. Kebul da eriya

Bi kebul ɗin da hannu tun daga bakin na'ura har gindin eriya. Kana neman inda ya goge da ƙarfe, inda aka lanƙwasa shi da ƙarfi, inda aka matse shi da igiyar roba har ya shiga jiki. Ya kamata ya zama da ɗan sassauci a ƙarshensa biyu yadda in jikin jirgi ya motsa ba zai tsinke ba, amma ba ya yi ta reto ba. Kwance kwanektar ka haska tocila, allurar tsakiya ta kasance a miƙe ba ta nutse ciki ba, ba kore-kore ba danshi.

Eriya a waje kuma ka duba tsagewa, ka duba gindinta ko ruwa na shiga, ka ga ko wani mai fenti ya shafe ta. Kuma ta zama eriyar da aka amince a haɗa da wannan samfurin. Ana yawan sauya tsohuwar ELT da sabuwa mai 406 a bar tsohuwar eriyar 121.5 a wurin wai ai kwanektar ta shiga, wannan kuskure ne.

6. Batir

Juya makunnin zuwa OFF in samfurinka yana da shi, in ba shi da shi ka bi yadda littafi ya ce a cire, ka ɗauke ta a hankali kar ka buga ta da komai, kana cire kebul ka toshe bakin da eriyar bogi.

Dalili biyu ke sa a sauya batir: ranar da ke jikin sitika ta cika, ko an yi amfani da shi jimillar awa ɗaya. Kalmar jimilla ɗin nan ita ce mutane ke mantawa, duk ɗan gwajin da aka yi yana taruwa, in ta taɓa tashi da kanta ta kwana tana kuka kuma ba wanda ya san tsawon lokacin, batirin ya tafi ko da saura shekara huɗu a sitika. Yawancin na yanzu shekara biyar zuwa shida suke yi. Haka in ka ga kumburi, ko farin gari, ko wari, ko alamar ruwa ya shiga, sauyi ne kai tsaye.

Batirin kamfanin kaɗai ake sakawa, mai lambar da littafi ya faɗa da takardar shaidarsa. Kar wani ya ce maka zai buɗe fakitin ya jona sabbin ƙwayoyi da dalma.

Wajen rufewa ne haɗarin yake. Ranar 12 ga Yuli 2013 wani Boeing 787 na kamfanin jiragen Habasha ya kama da wuta yana ajiye a filin jirgin Heathrow na Landan ba kowa a ciki, masu bincike na Birtaniya suka gano wayoyin batirin ELT ne suka giftu murfi ya danne su, suka haɗu, batirin ya ɗau zafi ya kama har ya ƙona saman jikin jirgin. Don haka ka kwantar da wayoyin a hanyarsu, ka leƙa ta kowane gefe kafin murfi ya zauna, in ka ji murfin na turjiya kar ka tilasta shi da sukuru, ɗaga ka sake dubawa. Zoben robar da ke hana ruwa shiga ka sa sabo in ya zo cikin fakitin, sukurori ka ɗaure su bi da bi a gicciye da ƙarfin da littafi ya faɗa.

Sai ka manna sabuwar sitika a waje inda za a gani ba sai an cire na'urar ba. Wani abu kuma, wasu samfura kamar ACK E-04 suna da nasu ƙananan batira daban a makunnin gaban matuƙi da cikin 'yar ƙararrawar gargaɗi, su ma da wa'adinsu, kuma su aka fi mantawa.

7. Gwada makunnin karo

Wannan shi ne abin da ke kunna ta in jirgi ya daki ƙasa, kuma gwajin kai, wato wanda na'urar ke yi wa kanta in an danna makunni, ba ya motsa shi, dole sai da hannu. Eriyar bogi na jiki, rediyon hannu na kan 121.5, makunni a ARM, wato matsayin da take zaune a shirye tana jiran karo, agogo ya shiga minti biyar ɗin. Riƙe ta da kyau kibiya na kallon gaba, ka wurga hannunka gaba da sauri ka fizgo shi baya nan take, kamar za ka yi jifa sai ka fasa. Za ka ji kukan nan mai saukowa wiu wiu a rediyo fitila kuma ta fara ƙiftawa. Kana ji ka kashe, a Artex ana kai makunni ON a dawo da shi ARM, wasu kuma OFF ake kaiwa.

Kar ka buga ta da tebur ko ƙasa wai don ta tashi. In ta ƙi, duba littafi tukuna, domin samfurin ME406 na Artex misali ba za ta tashi a hannu ba sai an haɗa ƙafa ta 5 da ta 12 a kwanektarta, an yi haka ne da gangan don kar ta tashi a hanya lokacin aikawa. In ka yi komai daidai ta ƙi, shagon da aka amince da shi za ta tafi, ba a buɗe cikinta a hanga.

Hattara: ko da eriyar bogi sigina na ɗan yoyo, kar ka ce tunda na toshe bari in bar ta ta yi minti ɗaya.

8. Mayar da ita ka yi gwajin kai

Mayar da ita mazauni, ɗaure, jona kebul da wayoyi, makunni a ARM. Gwajin kai ka yi shi daga makunnin gaban matuƙi don ka gwada shi shi ma da wayoyinsa. Saƙon 406 da ke fita a gwajin kai an sauya masa alamar farko yadda tsarin ceto ba zai ɗauke shi a matsayin kiran gaske ba, shi ya sa aka yarda da shi.

Ƙirga ƙiftawar fitila da kyau. A Kannad ƙiftawa ɗaya doguwa lafiya kenan, gajeru a jere matsala. A ME406 ɗaya lafiya, uku matsalar eriya ko kebul, huɗu ƙarfin sigina ya yi ƙasa, shida haɗin makunnin karo bai cika ba, bakwai batir. In ta ba ka uku kar ka yi saurin zargin na'urar, koma mataki na 5. Kuma kar ka yi ta dannawa sau goma don ka tabbatar, kowace dannawa batir take ci.

9. Tabbatar sigina na fita ta eriya

Da yawa suna kunna rediyon jirgin a 121.5, su ji kuka su sa hannu. Rediyon jirgi yana da kunne sosai kuma yana kusa, ko ka cire eriyar gaba ɗaya zai ji. Nan ne 'yar rediyon AM ke da amfani: kama kowace tasha, riƙe ta kamar santimita 15 daga eriyar ELT, wani ya kunna daga ciki. In eriyar na fitar da ƙarfi sosai sautin zai danne tashar ka ji kukan, in shiru ko can ƙasa-ƙasa akwai matsala a kebul ko eriya. Wannan ba awo ba ne, alama ce kawai. In tsarin gyaranku ya ce a auna ƙarfi da mita, sai da na'urar awo, kuma in za ka jona ta kai tsaye da kebul ka duba ko tana buƙatar abin rage ƙarfi a tsakani don wat 5 na iya ƙona ta.

10. Lambar Hex da rajista

Nan ne jiragenmu suka fi faɗuwa jarrabawa, saboda yawancinsu na hannu ne da aka sayo daga waje. Kowace ELT mai 406 tana da lamba mai gurbi 15, haruffa da alƙaluma, ita ake kira lambar Hex, a cikinta akwai lambar ƙasa da shaidar jirgin. Karanta ta da na'ura lokacin gwajin kai, ka gwama wurare uku: abin da na'ura ta karanta, abin da ke sitika, abin da ke takardar rajista. Dole su zo ɗaya.

Lambar ƙasa ta Najeriya 657 ce, Nijar 656, Ghana 627, ta Amurka da aka fi gani 366. In jirgi ya koma 5N amma ELT na ɗauke da 366 da sunan tsohon mai shi, ranar da ta tashi waya can za a buga ana tambayar mutumin da ya sayar da jirgin shekaru da suka wuce, lokaci na tafiya. A Najeriya cibiyar karɓar saƙon Cospas-Sarsat tana Abuja ƙarƙashin hukumar agajin gaggawa ta NEMA, kuma abu na farko da masu ceto ke yi shi ne kiran lambar wayar da ke rajista don su san gaske ne ko kuskure. To ka duba lambar wayar ma, tana shiga? Mutumin yana nan a kamfanin? A sa layin da ake ɗauka dare da rana, ba na ofis da ake rufewa ƙarfe huɗu ba.

Gyaran lamba ba aikin spana ba ne, sai mai na'urar shirya ta da izinin kamfani. Wasu jiragen kuma suna da ɗan toshe a jikin wayoyin jirgin da ke zuba wa ELT lambar jirgi da kansa, in ka ɗauko ta wani jirgi ka saka na wucin gadi ka karanta lambar bayan sakawa, in ka mayar da ita inda ta fito ka sake karantawa.

11. Rubutu da rufewa

Rubuta abin da ka yi, littafin da ka bi, lambar na'ura, lambar Hex, lambar batir da sabuwar ranar ƙarewarsa, sa hannu. In an cire ta an kai shago, a rubuta, a manna sanarwa a gaban matuƙi cewa babu ELT a jirgin, a Amurka kwana 90 ne iyaka, ku kuma ku duba abin da jerin kayan da aka yarda a tashi babu su ya ba ku.

Kafin ka rufe murfin jela ka sake kallon makunni da idonka ka ga yana ARM, ka kuma saurari 121.5 ka ji shiru.

12. In ta tashi bisa kuskure

Kashe ta nan take, sannan ka kira hasumiya ka faɗi lambar jirgi da lambar Hex da lokacin da ta tashi da lokacin da ka kashe, su za su isar wa cibiyar ceto. Kar ka kashe ka yi gum, saƙon ya riga ya tafi kuma akwai waɗanda suka fara neman ka. Rubuta mintocin da ta yi a lissafin batir, ka nemo dalili, sauka mai ƙarfi ce, ko an ja jirgi an buga shi, ko ruwan wanki ya shiga kwanekta, ko gwiwar wani ce ta taɓa makunni. Matuƙa ma a tuna musu su saurari 121.5 kafin su kashe injin bayan kowace sauka.

Tsohuwar da aka cire kuma a zare mata batir kafin a jefa ta sito ko bola, a soke rajistarta, batirin a rufe bakinsa da tef a miƙa shi inda ake karɓar batirin lithium, ba a ƙona shi da shara.